Wuni Ɗaya Ya Rage Wa Baƙonka A Jidda: Ina Za Ka Kai Shi, Wa Zai Yi Jagora?

Duk Bahaushen da ya yi shekara biyu ko uku a Jidda ya san irin wannan kiran waya. Ɗan'uwa ne ko suruki ya bugo daga Makka: sun kammala Umara, jirginsu sai jibi da daddare, za su sauka a wajenka. Wurin kwana ba matsala ba ne, tuwo ma za a tuƙa. Abin da ke sa ka tagumi shi ne wunin nan guda da ya rage a tsakani. Mutum ya daɗe yana tara kuɗi, wataƙila sai da ya sayar da gona ko sa, kuma babu tabbacin zai sake tako ƙasar nan. To, ina za ka kai shi?

A unguwarmu ta Bani Malik, da ke jikin Titin Falasɗinu, ba a rasa mai ba ka amsa. Rusau ɗin da aka yi a shekarar 2022 ya taɓa unguwar, ya watsa maƙwabta da dama zuwa wasu sassan gari, amma hirar da ake yi a bakin masallaci ta koma zauren WhatsApp. Kana tambaya, lambobin direbobi za su fara shigowa, kowa na yabon nasa. Ga kuma tallan kamfanoni, waɗanda suka yawaita tun da Saudiyya ta fara ba da bizar yawon buɗe ido a watan Satumban 2019. Zaɓi ya yi yawa, wunin kuma ɗaya ne tak.

Kuskuren da na yi da Kawu

Na taɓa yin wannan zaɓi ba daidai ba, kuma har yau abin na damuna. Kawuna ya zo Umara daga Katsina, ya sauka a gidana. Aka haɗa ni da wani mai mota da ya yi alkawarin kai mu wuraren ziyara na Makka, mu hau Ɗa'ifa, mu dawo mu zaga tsohon garin Jidda, duk a wuni guda, a kan kuɗin da bai kai na kowa ba. Na ga araha, na amince.

Mun fita bayan Asuba, ba mu dawo ba sai da aka yi Isha'i. A Makka, direba ya riƙa nuni da yatsa ta gilashi: ga Kogon Hira can, ga Sauru can, ga Arfa nan. Sau ɗaya muka sauka, minti goma, aka ɗauki hoto. Wurin da muka fi daɗewa a Ɗa'ifa shi ne wani shagon turare da zuma, inda na lura mai shagon da direban sun san juna sosai. Da Kawu ya tambaye shi ina lambun da Manzon Allah (SAW) ya huta bayan mutanen garin sun jefe shi, sai ya nuna wani gini da ke gefen hanya bai ko rage gudu ba. Tsohon garin Jidda kuwa ba mu je ba, dare ya yi, ƙafafun Kawu sun kumbura.

Da muka shiga gida na ce, "Kawu, sannu da gajiya." Ya ce, "Yawwa ɗan nan, Allah Ya yi albarka. Mun dai ga hanya." Bai ƙara komai ba. Bayan shekara biyu Allah Ya yi masa rasuwa, bai sake zuwa ba.

Daga baya na zauna na yi lissafin da ya kamata in yi tun farko. Daga Jidda zuwa Makka kimanin kilomita 80 ne, tafiyar sa'a guda. Daga Makka zuwa Ɗa'ifa ta hanyar Hada kusan kilomita 90 ne na hawan dutse da kwana-kwana. Dawowa Jidda daga can ya haura sa'a biyu. Wato sa'a biyar a cikin mota ke nan kafin a tsaya ko'ina. A sa sallar Azahar da La'asar da Magariba, a sa cin abinci da cunkoso. Me ya rage na ziyarar? Direban bai yi mini ƙarya ba, ya kai mu. Ni ne ban tambayi minti nawa za mu yi a ƙasa ba.

Hanyoyi uku, a ɗauki ɗaya

Ga wanda zai tashi daga Jidda ya dawo ya kwana, hanyoyi uku ne masu ma'ana, kuma kowacce ta isa ta cinye wuni.

Ta farko ita ce tsohon garin Jidda, wanda ake kira Balad. Daga Bani Malik tafiyar minti kaɗan ce a mota. Tun shekara ta 26 bayan Hijira Halifa Usman ɗan Affan ya mayar da Jidda tashar jiragen ruwan Makka, kuma a 2014 hukumar UNESCO ta sa Balad cikin wuraren tarihi na duniya. An rushe ganuwar garin a 1947, amma sunayen ƙofofi na nan, irin su Babu Makka da Babu Jadid da Babu Sharif, kamar dai yadda Bakatsine ke cewa Ƙofar Soro ko Ƙofar Ƙaura. Gidajen dogaye ne, an gina su da dutsen murjani da aka haƙo daga gaɓar teku, da tagogin katako masu sassaƙa da ake kira rawashin, waɗanda ke shigo da iska su tare rana, matan gida kuma su ga titi ba a gan su ba. Akwai Gidan Nasif, da aka gina tsakanin 1872 da 1881, inda Sarki Abdul'aziz ya sauka bayan ya shiga Jidda a 1925. Akwai Masallacin Shafi'i a unguwar Mazlum, da kasuwar Alawi. Wannan ita ce ziyarar da ta fi dacewa da tsoho, da mai ciwon gwiwa, da wanda jirginsa ya kusa. Sai dai ba a zuwa da tsakar rana. Balad ba ta farkawa sai bayan La'asar, ranar Juma'a da safe kuwa shaguna a rufe suke.

Ta biyu ita ce wuraren tarihi na Makka: Dutsen Nur mai Kogon Hira, Dutsen Sauru, Mina, Muzdalifa, Arfa, da maƙabartar Mu'alla inda kabarin Nana Khadija yake. Wanda ya bi tsohuwar hanyar Jidda zai wuce ta Shumaisi, wato Hudaibiyya, inda aka ƙulla sulhu a shekara ta 6 bayan Hijira. Mutane da yawa sun wuce wurin sau goma ba su sani ba, saboda babu wanda ya gaya musu. Hawa Dutsen Nur kan ɗauki mai ƙarfi sa'a guda ko fiye, saukowa kuma ta fi cin gwiwa. A 2023 an buɗe wata cibiyar al'adu a gindin dutsen, inda ake baje kolin tarihin saukar wahayi, don haka wanda ba zai iya hawa ba yana da abin gani. A tuna kuma cewa idan lokacin Hajji ya gabato ana hana shiga Makka sai da izini, ko da mutum na da iƙama.

Ta uku ita ce Ɗa'ifa, garin da ke kan tsauni, sama da mita 1,800 daga matakin teku. Idan Jidda na tafasa da zafi da gumi, can iska ce mai sanyi. Akwai Masallacin Abdullahi ɗan Abbas, da Fadar Shubra, da ƙaramin masallacin da ake dangantawa da Addas, yaron nan Kirista mutumin Ninawa da ya kawo wa Annabi (SAW) inabi. A watannin Maris da Afrilu ake tsinkar furen wardi da ake yin turaren garin da shi, kuma da sassafe ake tsinka, wanda ya isa da Azahar ya makara. Hanyar Hada na da birai da hazo, wani lokaci hukuma kan rufe ta, sai a zagaya ta Sailul Kabir. Wannan wurin shi ne miƙatin Ƙarnul Manazil. Idan baƙonka na da niyyar sake yin Umara a hanyar dawowa, sai a fita da harami a jaka tun daga gida, a kuma sanar da direba tun kafin a yi ciniki.

Madina fa? Jirgin ƙasa na Haramaini, wanda ya fara aiki a 2018, kan kai mutum daga tashar Sulaimaniyya cikin kimanin sa'a biyu. Ana iya zuwa a dawo, amma shiga Rauda sai da izini ta manhajar Nusuk, kuma Ƙuba da Uhudu da Baƙi'a ba wuraren leƙawa a guje ba ne. Wanda ke da hali ya kwana.

Direba daban, jagora daban

Babban ruɗun da muke yi shi ne ɗaukar direba a matsayin jagora. Direba ya san hanya, ya san inda babu cunkoso. Jagora shi ne wanda zai tsaya da kai a gaban tsohon bango ya sa ka ga abin da idonka kaɗai ba zai gani ba. Akan samu mutum ɗaya ya haɗa duka biyun, amma ba kasafai ba. Sai da ɗan gari akan ci gari, amma ba kowane ɗan gari ne ya san tarihin garinsu ba.

A wuraren da suka shafi addini, lamarin ya wuce na ɓata kuɗi. Na ji jagoran da ke gaya wa tsofaffi cewa Umararsu ba ta cika ba sai sun hau Hira, alhali hawan ba ya cikin ayyukan Umara ko Hajji. Na ga waɗanda aka sa suna ɗibar ƙasa a leda. A unguwar Ammariyya da ke nan Jidda akwai maƙabartar da ake kira ta Uwarmu Hauwa'u. An rushe ginin da ke kan kabarin tun a shekarun 1920, kuma zancen cewa nan aka binne ta labari ne da masu tarihi suka naƙalto, ba hadisi ingantacce ba. Jagora na gari zai ce maka, "Haka ake faɗa." Na banza zai rantse maka. Tsohuwa kuma za ta koma Funtuwa ko Maraɗi ta ba jikokinta labarin a matsayin addini.

Ma'aikatar Yawon Buɗe Ido ta Saudiyya na ba jagorori lasisi da katin shaida, kuma ba rashin kunya ba ne ka nemi gani. Haka motar: ɗaukar fasinja da motar gida ba tare da izini ba, abin da ake kira kaddad a nan, laifi ne da ake cin tara a kai. Idan aka tsayar da ku a shingen bincike, direba zai sha tara, baƙonka kuma wuninsa ya tafi a bakin titi.

Sai batun harshe. Yawancin jagorori Larabci da Turanci suke yi, iyayenmu kuwa da yawa ba sa jin ko ɗaya. Akwai 'yan ƙasa masu asalin Hausa, waɗanda sunayen danginsu ke ƙarewa da Hausawi ko Fallata ko Barnawi, kuma wasunsu na jin Hausa har yau. Idan ka dace da irinsu, ka huta. Idan ba ka samu ba, ka ɗauki hutun wuni a wurin aiki ka zama tafinta. Ya fi a ce ka biya kuɗi mai yawa ka tura tsoho shi kaɗai cikin bas yana kallon bakin mutane.

Tambayoyin da za ka yi kafin ka biya

Wurare nawa za a sauka a taka ƙasa, kuma minti nawa a kowanne? Idan jerin ya wuce huɗu ko biyar a wuni guda, to kallo ta taga ake sayar maka.

A ina za a yi kowace salla, kuma akwai wurin alwalar mata?

Mutum nawa ne a motar? Bas mai cin mutum arba'in ta fi araha, amma kowace tsayawa sai an jira na ƙarshe ya dawo. Ƙaramar mota ta iyali ta fi tsada, sai dai idan tsoho ya gaji ana iya juyawa.

Kuɗin ya haɗa da me? Abinci, tikitin shiga gidan tarihi, da kuɗin hawa motar igiya ta Hada da ake kira telefirik, duk a san wanda zai biya. A rubuta a saƙon waya, kada a tsaya a baki.

Za a tsaya a shago? Ba laifi ba ne baƙo ya sayi tsaraba, ai dole ne ma. Amma kai za ka zaɓi shagon da lokacin.

A ƙarshe ka gwada shi da tambaya ɗaya da ka san amsarta. Mai kai mutane Ɗa'ifa da bai san Addas ba, ko mai zaga Balad da bai san shekarar da aka rushe ganuwa ba, mota kawai yake da ita.

Kafin duk wannan, akwai tambayar da ta fi su muhimmanci, kuma baƙon za ka yi wa: me yake so ya gani? Ban taɓa tambayar Kawu ba. Sai a cikin mota na gane cewa lambun nan na Ɗa'ifa kaɗai ne a ransa.

Idan tafiya ta kai ka wurin ibadar wasu

Wannan lissafi bai tsaya a Hijaz ba. 'Yan'uwanmu da ke aiki a ƙasashen Larabawa sun fara zuwa hutu ƙasashen Asiya, kuma tsibirin Siri Lanka, wanda Larabawan da suke kira Sarandib, na cikin wuraren da ake zuwa. Labarin da ya ce Hauwa'u ta sauka a Jidda shi ne ya ce Annabi Adamu ya sauka a can. Akwai wani dutse mai tsayin mita 2,243 da wata alama kamar sawun ƙafa a ƙololuwarsa. Mabiya addinin Buddha na cewa sawun Buddha ne, 'yan Hindu na cewa na Shiba ne, Musulmin can kuma na danganta shi da Annabi Adamu. Ibn Baɗɗuɗa ya hau shi a 1344. Matakalarsa sun haura dubu biyar, da dare ake hawa, daga Disamba zuwa Mayu. Duk wanda ya sa maka shi a cikin jerin ziyarar wuni ɗaya daga Kolombo, babban birnin kasuwancin ƙasar, ka san irin direban Kawu ne.

Ziyarar wuni da aka fi tallatawa a can ita ce ta garin Kandi, inda mabiya Buddha ke da babban wurin ibada da suke ajiye abin da suka yi imani haƙorinsa ne. Nisan daga Kolombo bai wuce kilomita 120 ba, amma tafiyar kan ci sa'a uku ko fiye. Ana cire takalmi, ana rufe kafaɗa da gwiwa, ba a juya wa mutum-mutumin Buddha baya don ɗaukar hoto. Ana kuma cire hula, don haka mai tafiya da iyali ya tambayi yadda ake yi da hijabi tun kafin ya biya. Ya tambayi inda zai yi salla da inda zai ci halal. Wanda zuciyarsa ba ta kwanta da shiga ba, ya faɗa tun farko a canza masa tsari zuwa gonakin shayi ko Jan Masallacin Kolombo da aka gina a 1909. Wanda kuma ya shiga, ya shiga da ladabin da yake so baƙo ya nuna a masallacin unguwarsu.

Ranar Goggo

Bara Goggo, ƙanwar mahaifina, ta zo Umara. Da ta huta na zauna kusa da ita na ce, "Goggo, gobe babu abin da za mu yi. Ina kike so a kai ki?" Ta yi shiru, sannan ta ce, "Ɗan nan, ka san inda jirgin ruwa ke sauke alhazai a da?"

Kakanta ya zo Hajji a ƙasa. Ya bi ta Chadi da Sudan, yana tsayawa yana noma da ƙwadago, har ya kai Sawakin, tsohon garin nan da ke kan ɗan tsibiri a gaɓar Bahar Maliya, inda Takari ke shiga jirgin ruwa su tsallako. Shekara bakwai ya yi kafin ya koma gida. Tana yarinya ta ji labarin daga bakinsa.

Na nemi jagora mai lasisi, na gaya masa abu ɗaya muke nema, saura kuma duk abin da ƙafar tsohuwa ta iya. Muka fita bayan La'asar. Ya kai mu gaban tsohon ginin Babul Bunɗ, ya bayyana cewa a da ruwan teku har nan yake kawowa kafin a cike gaɓar a yi tituna, kuma ta nan alhazan da suka zo ta ruwa ke shigowa gari. Yana faɗa da Larabci, ina mayarwa da Hausa. Goggo ta daɗe tana kallon kwaltar da ke gabanta. Ta ɗaga hannu ta yi wa kakanta addu'a, muka shafa.

Daga nan muka taka a hankali zuwa Gidan Nasif. Jagoran ya fara bayanin bishiyar da ke ƙofar gidan, cewa a da har da ita ake kwatance a Jidda saboda ƙarancin itatuwa. Goggo ta katse shi da dariya: "Wannan ai bedi ne! Akwai uku a ƙofar gidana." Darbejiya ce kuwa. Na fassara masa, shi ma ya yi dariya, ya tambaye ta me ake yi da ganyen a ƙasarmu. Minti goma ita ce jagora, shi ne baƙo.

Muka yi Magariba a Masallacin Shafi'i. A hanyar komawa na tsaya na saya mata naman da mutanen Jidda da Makka ke kira siriye, mai ƙuli da yaji. Ta ɗanɗana ta ce, "Tsire ne dai, sun rage masa barkono." Kafin Isha'i muna gida. Wurare uku muka je, ba mu yi nisan kilomita goma daga Bani Malik ba.

Har yanzu idan na buga waya Katsina, sai ta sa an kira jikokinta su gaishe ni, ta ce musu, "Ga wanda ya kai ni inda Alhaji Babba ya sauka."